Ramar Genzaburo

A Kyoto ta wancan zamanin likita ba ya gaya wa mai ciwon daji abin da ke cin sa, iyali ake ja gefe. Shi ya sa Tatsue ta san mijinta Genzaburo ba zai kai baɗi ba, shi kuwa yana ta shan maganin gyambon ciki yana mitar ɗacinsa.

Genzaburo ɗan fim ne da ya tsufa yana fitowa a bayan wasu. Sai yanzu darakta Motegi ya ba shi babban matsayi: majiyyacin da wani likita ke gwajin magani a kansa ba da saninsa ba. Tatsue ta je ta sunkuya gaban Motegi, ta faɗa masa gaskiya don ya gaggauta aikin. Ya jajanta mata sosai, har da rakiya bakin ƙofa.

Amma aiki sai ƙara ja yake. Aka ɗauki komai, ban da fitowar ƙarshe, inda majiyyacin zai kwanta ciwon ajali. Yau a ce haske bai yi ba, gobe a ce gadon bai dace ba. Wata ranar da ta kawo wa mijinta kunun shinkafa, ta ga Motegi ya kama haɓarsa yana juya fuskar, yana duban kumatun da suka zurma. A nan ta gane ramar yake jira ta ƙarasa.

Ta tare Motegi a bayan ɗakin ɗaukar fim. Bai musa ba. "Uwargida, hoda ba ta yin wannan fuskar. Bayan ransa da ita za a tuna shi."

Ta tsane shi, musamman da ta ji wata zuciyar tata na ba shi gaskiya. Amma shi Genzaburo wa ya tambaye shi?

A jirgin ƙasa suna komawa gida ta karya al'ada, ta faɗa wa mijinta komai, ciwon da kuma jiran Motegi. Ta zaci zai tambayi kwanakin da suka rage masa. Sai ya juyo daga taga ya dube ta.

"Tatsue, kullum sai ya ce mini na iya, bai taɓa ganin wasa irin nawa ba. Ashe ba wasana yake yabo ba."