Kukan da Dutse Ya Riga Ni Yi

Duk wanda aka haifa a gindin dutsen Kwatarkwashi ya san halinsa. Sauran duwatsu sai ka yi magana su mayar maka, namu kuwa riga ka yake yi. Abin da za ka faɗa da ƙarfi nan da kwana uku, yau za ka ji shi daga sama da muryarka. Kuma dole maganar ta fito daga bakinka yadda aka ji ta kafin rana ta faɗi a kwana na uku. In ba ka cika ta ba, dutsen da kansa zai nemo maka dalilin faɗinta. Yawanci shirme ne, guɗar biki ko faɗan maƙwabta a kan akuya.

Ranar Talata da hantsi ina shanya barkono a tsakar gida sai na ji ni, ni Shafa'atu, daga can sama: "Wayyo Faruk! Faruk! Na shiga uku!"

Tiren ya suɓuce mini. Shekara goma sha ɗaya da aurenmu ban taɓa kama sunan mutumin nan ba, maigida nake cewa ko a bayan idonsa. Me zai sa in kira shi gatsal a gaban duniya in ba gawarsa na gani ba?

Direba ne, Gusau zuwa Tsafe yake yi kullum. Da ya dawo na zare makullin motar daga aljihunsa na cusa a buhun gero.

"Haba Shafa, kwana uku ba aiki? Me za mu ci?"

"Mu ci ƙasa! Ko ƙofar gida ba za ka leƙa ba."

Dabara ɗaya ta rage, wadda tsofaffi suka sani: in je in yi kukan da kaina alhali yana raye, maganar ta cika, dutse ya ƙyale mu. Kar ka tambaye ni wanne ya haifi wanne, kukan ko amsar. Na yi kwana biyu ina tunanin haka har kaina ya yi ciwo.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci na tafi gindin dutse. Baba Bawa na zaune a inuwar tsamiya. Shi ne mai sauraron garin, duk muryar da dutse ya saki yana riƙe da ita a ka, shi kuma ke cewa ta cika ko ba ta cika ba.

Na buɗe baki na ce, "Wayyo..." sai sunan ya maƙale. Ga mutane sun taru, har da surukaina.

"Sake, 'yata."

Na rufe ido na fizgo sunan da ƙyar.

"Wannan ai kiran cin tuwo ne," in ji Baba Bawa. "Wanda muka ji, muryarki ta tsage a na biyun."

Na yi sau goma, na yi sau ashirin. Na tuno mutuwar innata, na mintsini cinyata har ta yi jini. Tsohon nan sai girgiza kai yake yi, wallahi kamar in rufe shi da duka. Aka kira la'asar. Inuwar tsamiya ta miƙe har bakin hanya. Kowane babur ya wuce sai in waiga, ko mugun labarin ne ya kawo.

Rana ta yi ja sai ga Yaya Zainab, yayar maigida, a guje, ba takalmi ba mayafi.

"Shafa'atu, ya gano makullin! Ya fita, tirela ta bi ta kansu kafin Tsafe. Sai haƙuri."

Ban san na faɗi ba. Abin ya fito daga cikina da kansa, muryata ta tsage daidai inda aka ce.

"Ta cika," in ji Baba Bawa a hankali.

Sai ga maigida ya fito daga bayan tsamiya, lafiyarsa ƙalau, hula a hannu, yana hawaye kamar yaro. Shi ya kitsa abin, shi ya turo yayarsa. Na kama wuyan rigarsa na girgiza, na zage shi tas a gaban danginsa, sannan na riƙe shi na ƙi saki. Mata suka yi ta guɗa.

Muna shirin tafiya Baba Bawa ya yafito ni.

"'Yata, kin tsallake. Amma ki sani, dutse ba ya ɗaukar kukan mutum ɗaya sau biyu. Ran da ta gaske za ta zo, ba wanda zai ji komai."

Ranar Asabar da safe na zazzage buhun gero na miƙa masa makullinsa, don dole a ci abinci. Ya tayar da mota ya ɗaga mini hannu. Na tsaya a ƙofar gida na kasa kunne wajen dutse, ina ta saurare har rana ta take, ban ji komai ba, kuma ban iya komawa ciki ba.