Turmin Memunatu

Da la'asar Awudu ya fara magana da yaren da ba a so a ji. Karimu mahauci na tsugune a bakin tabarmarsa yana yi masa fifita, sai mutumin da suka yi shekaru suna raba katanga ya buɗe baki yana kiran wani da yaren ƙabilarsa ta Moba, da ƙarfi kuwa, kamar mai kiran ɗansa daga ƙetaren gona. Tagar ɗakin tana kallon hanyar kasuwa, inda 'yan sandan Faransawa masu jar hula ke wucewa.

"Maƙwabci, yi salati," in ji Karimu. "In Larabci ya gagara, yi da Hausa. Allah yana ji."

Memunatu, matar Awudu, ta miƙe. Ta fita tsakar gida, ta jawo turmi gindin taga, ta kama daka. Ko ƙwayar hatsi babu a ciki. Can sai matar Karimu ta amsa daga bayan katanga da nata turmin, gida na gaba ya ɗauka, har layin ya cika da ƙarar taɓarya. A cikin wannan ƙara Awudu ya gama kiran mutanensa, ya cika kafin magariba.

Kowa a Zangon Sokode ya san abin da ba wanda ya sani. Awudu ya tsere ne daga aikin hanya na tilas a garin Dapango, a shekarar da Faransawa suka gano cewa mutanen arewa sun fi bukatar hanyar mota a kan 'ya'yansu. Ya biyo garken shanu har mayankar Sokode da ƙafafu a kumbure. Karimu ya ba shi ɗaki da wuƙar fiɗa, liman ya ba shi suna. Tun daga nan yake naɗa rawani har kunci, ko rana na narka dutse, don ya rufe tsagen fuskarsa. Mutanen Zango suka yarda cewa tsabar ibada ce.

Kumandan kuwa, Baturen da ke mulkin garin, mutum ne mai son tsari. Da ya dubi Zango ya ga tarkacen baƙi, sai ya kasa shi huɗu: Hausawa, Dendawa, Mosawa da Fulani, kowane kashi da shugaban da zai amsa laifinsa. Wanda aka samu ya ɓoye ɗan gudun aiki, shi kurkuku, samarin gidansa kuma aikin hanya. Karimu na da samari biyu, Isifu da Awal, kuma ya ga yadda ake dawowa daga hanyar nan, in an dawo. Ga shi shekarar agana ce, an hana rufe kowace gawa sai gardi, wato ɗan sandan kumandan, ya ga fuskarta.

Da safe aka taru a zauren liman don a san na wa za a ce mamacin. Salifu, shugaban Hausawa, wanda bai taɓa ganin Kano ba amma kullum sai ya ambace ta, ya ce mutumin da bakinsa bai rarrabe mace da namiji ba, ba za a jingina shi da Hausawa ba. Shugaban Dendawa ya ce nama kawai yake saye a wurinsa. Na Mosawa ya duƙufa yana nazarin yatsun ƙafarsa. Hammajoda na Fulani ya ce garke ya biyo, kuma ba a tambayar saniya wanda ta zo da shi. Wanzami ya kawo shawarar a ƙara wa mamacin 'yan tsage kaɗan ya koma Bagobiri, liman ya yi masa kallon da ya mayar da askarsa cikin zabira. Aka tashi a kan "Allah ya rufa asiri", wato abin da ake cewa idan ba mai niyyar rufawa da hannunsa.

Gardi ya iso da hantsi, dogo, da jar hula da bulala a hammata. Tsakar gidan ta cika maƙil, amma ana jin ƙudan da ke wucewa. Karimu ya kasa ɗaga ido sama da takalman mutumin. Liman ya kwance likkafani ya buɗe fuskar, tsagen Awudu suka fito fili a karon farko tun zuwansa garin.

Gardi ya daɗe yana kallo. Sannan ya ce, "Na wa ne?"

Karimu ya hango 'ya'yansa a jikin katanga, Awal yana murza bakin rigarsa. Ya buɗe baki zai ce mamacin ƙanensa ne, amma aka riga shi, kuma daga kusurwa huɗu.

"Bakano ne, ɗan ƙanwata," in ji Salifu. A cikin numfashi guda shugaban Dendawa ya ce ɗan baffansa ne daga garin Jugu, na Mosawa ya rantse garinsu ɗaya, Hammajoda ya ce Bafulatani ne da rana ta ƙona. Ashe kowannensu ya bar zauren liman da yaƙinin cewa sauran ukun matsorata ne, shi kaɗai ya rage. Ƙarya guda da ta tsaya da ƙafarta. Huɗu kuwa suka taka juna suka zube a gaban hukuma.

"Uba huɗu," in ji gardi. "Uwarsa ta sha tafiya."

Ba wanda ya yi dariya. Daga bakin ƙofar ɗaki, bayan asabari, aka ji muryar Memunatu, a dishe.

"Ɗan Zango ne, ranka ya daɗe. Nan ya yi fiɗa, nan ya yi salla."

Gardi ya ce babu wannan ƙabila a ofishin kumandan. Ya juya ya dubi mutanen da suka cika gidan har kan katanga, masu tsage iri-iri da marasa tsage, duk sun yi tsuru-tsuru da ido iri ɗaya. A lokacin ne Karimu ya ɗaga kai, ya ga kuncin da ke ƙarƙashin jar hular. Tsagen da ke kwance a kan tabarma, su ne a tsaye sanye da kaki.

Gardi ya duƙa, ya faɗi wata 'yar magana a kunnen mamacin da yaren da aka danne jiya da taɓarya. Ya ja likkafanin da hannunsa ya rufe fuskar.

"Babu agana. Ku rufe ɗan Zangonku kafin rana ta yi."

Har ya kai ƙofa ya tsaya a gaban turmin, ya leƙa ciki, ya ƙwanƙwasa bakinsa da gindin bulala.

"Jiya da la'asar na bi ta layin nan," ya ce da Karimu a hankali. "Unguwa guda tana daka, ban ga kaza ko ɗaya a gindin turmi ba. Gaba ku riƙa zuba ko dusa ce."

A hanyar maƙabarta shugabannin huɗu suka yi ta ture juna a kan wanda zai kama gaban makara. Da aka dawo, Karimu ya zauna a dakalin ƙofar gida tsakanin 'ya'yansa, hannunsa a kan gwiwar Awal. A ciki Memunatu ta zuba gero a turmi don gumbar sadaka, matan layin suka shigo da taɓarensu. Da aka fara daka, kaji suka fito daga bayan rumbu, suka kewaye turmin suna tsattsagar abin da ya zuba.