Bahagon Jarumin Malam Kure

"Goga a hankali da bayan cokalin, Baƙo, ba tuwo kake tuƙawa ba," in ji Malam Kure daga kan tabarma.

Baƙo, maƙwabcinsa, ya sassauta hannu. Tun da ciwon ƙirji ya kwantar da tsohon, shi ke shafa wa katako tawada, ya ɗora takarda, ya goga.

Malam Kure ya tsufa yana sassaƙa hatimi a bakin titin Karu. Wata rana 'yarsa Mashkura, mai aikin haɗa wasannin waya, ta nuna masa zanen mutanen Japan na da, irin wanda ake sassaƙawa a katako a buga a takarda. Ya ce, "Ashe ina da dangi a can." Daga nan ya shiga sassaƙa mata duniyar sabon wasanta: Dutsen Zuma mai buɗe ido, kada mai fukafukai. Jarumin kaɗai ya rage, kuma burinsa ya gama shi da hannunsa.

Baƙo ya ɗaga takardar. Ga jarumi tsaye cikin ruwan sama mai kama da zare, takobi a hannun hagu.

"Subhanallahi! Ban juya shi ba," in ji Malam Kure. Mai hatimi a juye yake sassaƙa komai don ya fito daidai, kuma bai taɓa mantawa ba sai yau. "Miƙo sabon katako."

Wuƙar sassaƙar ta zame daga yatsun tsohon. Ya sake ɗauka, ta sake zamewa.

Da la'asar Mashkura ta shigo, ta daɗe tana kallon takardar.

"A haka zan sa shi, Baba."

"Oganku zai ce tsohon ya rikice."

"Ai ni ce ogan."

Baƙo ya tuntsire da dariya. "Kai Malam, da wane hannu kake riƙe wuƙa, ba da hagu ba? Ubansa ya biyo, har taurin kan."

Tsohon ya yi murmushi, ya ce a jingine takardar inda zai riƙa ganinta. Ranar Laraba bayan azahar ya cika.

Damina ta zagayo. A motar Mararaba, Baƙo ya leƙa wayar matar da ke gefensa, ya ga dutse ya buɗe ido.

"Madam, kin ga bahagon nan? Ɗan maƙwabcina ne. Ni na goge shi da cokali."

Ta harare shi, ta ci gaba da dannawa. A cikin ruwan nan mai kama da zare, jarumin ya ɗaga hannun hagu.