Namijin Dabinon Sodangi

Da mahaifinsu ya rasu, aka zo rabon lambun da ke bakin gulbi a Gatawa, Sodangi aka ba zaɓi don shi ne babba. Ya ɗauki ɓangaren sama mai faɗi, inda gero ke yi. Ƙanensa Amiru ya tashi da ɓangaren ƙasa, ɗan tsiri mai rairayi, sai dai a cikinsa matan dabinon da tsohon ya dasa suke. Namijin dabinon kuwa, guda ɗaya tal, ya faɗa rabon Sodangi, dab da iyaka.

A lokacin ba wanda ya damu da hakan. Duk shekara in sanyi ya shigo, namijin ya fasa fure, sai Amiru ya hau ya yanko, ya tsattsaga shi zare-zare, ya bi matan yana cusawa cikin nasu furen yana ɗaurewa. Haka tsohon ya koya musu: macen dabino ba ta yin ɗan kirki sai garin furen namiji ya sauka a kan nata. Iska na kai mata kaɗan, amma hannu ya fi.

Sai fari ya zo. Damina ta farko gero ya fid da kai, yana shirin bununi ruwa ya ɗauke, zangarniya ta bushe ba ƙwaya. Ta biyu ko kan bai fitar ba. Mutane suka yi ta sayar da bisashe, har ta kai ko bunsurun da zai barbari awaki babu a unguwar. Dabino kuwa bai san ana yi ba, saiwarsa na can ƙasa inda ruwan gulbi ya ɓuya. Amiru ya riƙa ɗora wa jaki mangalar dabino yana kaiwa kasuwar Isa, ya dawo da dawa. A cikin wannan hali matarsa Fatu ta sake haihuwa, har da ɗan rago ranar suna.

Sodangi ya je sunan, ya zauna, bai ci naman ba. Shi da matarsa Larai sun daɗe tare, ko ɓari ba ta taɓa yi ba. Da suka koma gida ta ajiye masa ruwa, ta zauna nesa kaɗan.

"Malam, na hwaɗa maka abin da ungozomar asibiti tac ce. Ta duba ni, ba ta ga komi ba. Ta ce ciki ba aikin mace kaɗai ba ne, sai ƙwanta ya gamu da iri daga wajen namiji. Ta ce kai ma ka zo a duba ka."

"Ni za a duba?" in ji shi. "Kar in sake jin wagga magana cikin gidan ga."

Ba ta sake ba.

Abin da ya fi ci masa rai shi ne alherin Amiru. Duk ranar kasuwa sai ga shi da kwando a ƙofar zaure, dabino a sama, dawa a ƙasa. Wata rana ya kawo ana zaune, wani maƙwabcinsu Bawa ya ɗauki dabino ɗaya ya jefa a baki, ya ce, "Kai, Amiru Allah ya yi mai albarka. Komi yat taɓa sai ya haihu." Aka yi dariya. Bawa bai nufi kowa ba, amma Sodangi ya kwana biyu maganar na masa yawo a ka. Ya riƙa tsayawa a gonarsa da ta zama fako yana leƙen gungun 'ya'yan dabinon ƙanensa sun rusuno da nauyi, yana cewa a ransa: da furen iccena aka yi wannan duka, amma sunan wani ake kira.

Da sanyi ya kewayo, Amiru ya zo da igiyarsa da lauje kamar kullum. Ya tarar da yayansa zaune a gindin namijin.

"Bana ba ka hawa," in ji Sodangi.

Amiru ya yi murmushi, ya zaci wasa ne. Da ya ga fuskar, sai ya ajiye igiyar.

"Yaya, mi na yi maka?"

"Ba ka yi komi ba. Iccena ne."

"To, mu raba abin da anka samu, rabi da rabi. Wallahi har zuciyata."

"Sadaka za ka ba ni daga abin da yake nawa? Tashi ka ba ni wuri."

Amiru ya kai magana wajen dattawa, suka yi ta ba Sodangi baki, ya ce zai duba. Ranar kasuwar Isa, da hantsi, bayan ya ga jakin Amiru ya ɓace a hanya, ya hau iccen da kansa. Ya sassare furen kakaf, har da wanda bai fasa kube ba, don kada iska ma ta kai. Ya tara a tsakiyar gona ya sa wuta. Larai na tsinkayar hayaƙin daga bakin rijiya, ta sauke tulunta ta tsaya tana kallo.

Amiru ya bi fatake har cikin Nijar neman fure. Kafin ya samo ya dawo, na matan ya riga ya bushe, lokaci ya wuce. Abin da suka yi a shekarar 'yan ƙanana ne, ba ƙwallo, ba zaƙi, suna kakkaɓowa tun suna kore. Ko awaki sai sun shinshina su wuce.

Kwando ya daina zuwa ƙofar zaure. Sai a lokacin Sodangi ya gane yawan tuwon gidansa da ke fitowa daga cikinsa. Damina ta uku ma ba ta yi ba. Amiru ya sayar da rabonsa ga wani falke, Malami, ya kwashe Fatu da yara suka nufi kudu. Ya zo sallama, ya durƙusa daga bakin zaure.

"Yaya, za ni tahiya. A yahe muna."

Sodangi ya ce, "Allah shi kiyaye hanya," idonsa na ƙasa. Larai ce ta raka su har bakin mota, ta rungume jaririn ta ƙi saki sai da direba ya yi mata magana. Bayan kwanaki ta ce za ta gaida iyayenta a Tozai. Ya aika ta dawo, aka ce masa tana nan, ba ta shirya ba tukuna.

Da sanyi ya sake shigowa, namijin ya fasa fure fiye da kowace shekara. Sodangi ya zauna a gindinsa yana jiran Malami ya zo roƙo, har ya shirya amsar da zai ba shi. Malami ya zo, ya yi masa sallama da fara'a, ya wuce. Ya kwance wani ƙunshin tsumma, ga busasshen furen namiji da ya taho da shi daga Nijar, ya shiga hawan matan ɗaya bayan ɗaya.

Bazara na yi, gungun 'ya'yan dabinon suka rusuno har sai da aka tokare su da gwafa. Sodangi ya tsaya bakin iyaka yana kallo, cikinsa na ƙugi. Malami ya hango shi daga sama, ya ɗaga murya.

"Malam Sodangi, matso in jeho maka ka ɗanɗana!"

"Na ƙoshi," in ji shi. Ya juya zai tafi, ya yi taku kaɗan, ya sake waiwayowa.