Hawayen Bappa Iro

"A sake!" in ji Hanif darakta, karo na bakwai ke nan. Bappa Iro ya matse ido, ya yamutsa fuska, amma ko ɗigon hawaye babu. Mutanen garin Turawa da suka cika gindin tsamiya suna kallo har sun fara ƙunshe dariya.

Sadiƙa na zaune kan turmi, rungume da kwanon da aka tara wayoyin 'yan wasa don kar su ɓata ɗauka. Ita ta rubuta fim ɗin, ita kuma ta nace sai an ba tsohon nan wannan fitowa ta kuka. Har godiya ya yi mata, don shekara uku rabonsa da aiki. Bai gane ta ba. Ina zai gane? Ai wanda aka yi wa ne ba ya mantawa.

Tana 'yar shekara tara aka sa ta a wani fim a garin nan, shi ne darakta. Da ta kasa kuka sai ya sunkuyo ya raɗa mata, "Innarki ta rasu." Ta dinga birgima a ƙasa kyamara na ɗauka, da aka gama ya ba ta alawa. Bayan wata biyar Inna ta rasu da gaske. Da aka faɗa wa Sadiƙa, dariya ta yi, tana waige-waigen inda aka ɓoye kyamara. Dariyar nan ce ta hana ta sukuni shekara ashirin, kuma wallahi ba ta yafe ba.

"A shafa masa man zafi a ido," in ji Hanif.

"Bar ni da shi," in ji Sadiƙa. "Kai dai kunna kyamara."

Tun safe Bappa ke gaya wa kowa 'yarsa Ikilima na naƙuda a asibiti a Rogo. Sadiƙa ta ajiye kwanon, ta durƙusa kusa da kunnensa cikin ladabi.

"Bappa, an bugo daga Rogo. Sai haƙuri."

Ta ja baya. Bakin tsohon ya buɗe, hularsa ta faɗi, kuka ya ƙwace masa kamar ƙaramin yaro. Ta tsaya tana kallonsa har Hanif ya ce a yanke. Ranta ya yi fari tas, ko kunyar hakan ba ta ji ba.

"Share hawayenka, Bappa, ba wanda ya bugo. Dabararka ce. Ni ce Sadiƙa, 'yar marigayiya Barira."

Ya daɗe yana dubanta. "'Yar nan..."

Sai ga kwanon ya ɗau ƙara a kan turmi. Wayarsa ce, tsohuwa ɗaure da roba, sunan mijin Ikilima a jiki. Sadiƙa ta ɗauko ta miƙa masa. Ya cusa hannuwansa cikin riga.

"Ba zan iya ba, ke ki ɗauka," in ji shi. "To amma duk abin da kika faɗa min, ta yaya zan yarda?"

Wayar ta ci gaba da ruri a hannunta.