Sunan Jikin Ƙofa

Ruwan damina na dukan rufin baranda, shayin Dineshan ya huce, shi kuwa sai murmushi yake wa waya. Wani ya tono tsohon dandalin intanet ɗin nan, inda samarin zamaninsu ke ɓuya da sunayen bogi suna karanta labaran batsa na zane cikin harshensu na Malayalam. A lokacin hoto ɗaya sai ya yi ta saukowa kaɗan-kaɗan daga goshi, kai kuma kana kare allon shago da kafaɗa. Kewar ƙuruciya ta kama shi sosai.

Bai yi wata-wata ba ya tura wa zauren abokai na waya wani zane da ya fi tunawa: "Matar bakin rijiya ta dawo."

"Tsohon banza, furfurar ma ba ta hana ka ba?" in ji abokinsa Raghavan, wanda shi ma ya tura gaba. Kafin a sauke shinkafar rana, zanen ya gama ƙauyen.

* * *

Matarsa Ambili ta ajiye masa miyar kifi, idonta ya faɗa kan wayar. Ba matar zanen ta kalla ba, ginshiƙin da ke bayanta ta ƙura wa ido.

"Chetta," ta kira shi yadda matan nan ke kiran miji, "buɗo min wurin nan."

"Shirmen da ne fa, ba mutum ba ce."

"Buɗo dai."

Kowane gida a nan da sunansa a jikin ƙofa, da shi ake kwatance. A ƙaramin allon da, sunan ɗigo ne kawai. Yanzu ga shi raɗau: Mandaram.

Gidan su Ambili ke nan. Can yayarta Sathyabhama ke zaune ita kaɗai, wadda manema suka watse mata a shekara guda ba dalili, a shekarar da zanen nan ya fara yawo, ta daina zuwa ko wurin bauta. Dangi suka ce taurarinta ne ba su da kyau, Dineshan ma ya sha faɗin haka.

"Mutum nawa ka tura wa?" ta tambaya a hankali.



* * *

Da suka isa Mandaram, babura sun tsaya a tsallaken titi, masu su ba su cire hular kwano ba, wayoyinsu a ɗage.

Sathyabhama na tsaye cikin ruwa ba lema, da addar fasa kwakwa a hannu, tana kankare sunan gidan mahaifinta daga ginshiƙi. Ta ɗago ta dubi mijin ƙanwarta.

"Dineshan, shiga ciki, kada ka jiƙe," ta ce, ta koma kan harafin da ya rage.