Fuskar Hajiya Tasallah

Ettore Brambati ya yi shekara arba'in yana tace fim, wato yanka hotuna da haɗa su, a Roma kafin ya musulunta ya koma Madina da zama. Surayya, 'yar wani likita daga Kano, ita ta lallashe shi ya tace mata fim ɗinta na farko, a kan Hajiya Tasallah, tsohuwar ungozoma ta unguwar Ƙurban a Madina.

Ana saura kwana kaɗan a tura fim ɗin zuwa wata gasa, Hajiya ta rasu.

Bayan zaman makoki ɗanta Tahir ya zo ɗakin aikinsu a unguwar Aƙiƙ. Ya yi sallama, amma ya ƙi zama.

"Ki cire fuskar Ummi," ya ce wa Surayya. "Halas, magana ta ƙare. Ba na son baƙi su riƙa kallonta tana kabari."

"Yaya Tahir, ita da kanta ta yarda."

"Tana da rai ta yarda."

Surayya ta fassara wa Ettore. Duk fim ɗin ya jingina ne da wuri guda, inda Hajiya ke ba da labarin jaririn farko da ya mutu a hannunta, kyamara na kan fuskarta ba yankewa. Ettore ya sha cewa bai taɓa samun fuska irin wannan ba a duk aikinsa.

Tsohon ya cire tabarau, ya daɗe yana kallon kwamfuta.

"Ustaz, ka yi magana mana," in ji Surayya. "In ka cire ta, ba ni da fim."

"Ki ce masa ya zauna," in ji Ettore.

Tahir ya zauna a bakin kujera, makullin mota a hannunsa. Ettore ya raba murya da hoto. Ya shiga cikin hotunan da suka watsar tun farko, ya ciro tagar ɗakin Hajiya, da buta, da darduma a naɗe. Ya jera su, ya rage nan, ya ƙara can. Gumi ya jiƙa wuyan rigarsa duk da na'urar sanyaya ɗaki.

Sai ya kunna.

Muryar Hajiya ta cika ɗakin, labule na motsi a taga. Da ta zo kan jaririn ta yi shiru, Ettore ya bar shirun yadda yake, ana jin numfashinta.

Tahir ya sunkuyar da kai. Surayya ta riƙe gefen tebur tana jiran ya ce a cire muryar ma.

"Ban taɓa jin wannan labarin ba," Tahir ya ce a hankali. Ya goge ido da gefen gutra, ƙyallen da ke kansa. "Tayyib, na yarda. Ku tura."

Bayan fitarsa Surayya ta fashe da kuka. Ettore ya tura mata kwalin tishu, ya jawo kujerarsa.

"Akwai wuri shida da fuskar Hajiya ta rage," ya ce. "Zo mu fara."